Fatawa: mai tsara kiɗan fim da talabijin, mene ne hukuncin kuɗinsa?

TAMBAYA

Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam, ni matashi ne a Gusau, sana'ata tsara kiɗa. Ina da ɗan situdiyo mai fiyano ɗaya da kwamfuta da makirfo. Ba na waƙa da bakina, ba na zuwa gidan biki. Masu fim ne ke turo mini aiki bayan edita ya gama yanka, ni kuma in ɗora wa kowace fitowa kiɗan da ya dace da ita: na tausayi idan an yi rashi, na fargaba idan ɓarawo na tafe. Ina yi wa rediyo da talabijin kiɗan buɗe shiri da na talla, ɗalibai masu wasan kwaikwayo a dandamali ma sukan zo. Wani lokaci furodusa yakan kawo waƙar soyayya da za a yi rawa a kanta in haɗa mata kiɗa, kuma gaskiya ita ta fi kawo kuɗi. Da wannan sana'a nake biya wa ƙannena kuɗin makaranta. Tun azumin da ya wuce Baba ya daina cin cefanena, ya ce kuɗin kiɗa ne. Wani malami ya ce in farfasa kayan, wani ya ce ba komai tunda na'ura ce, ba ganga ba. Ga shi ina shirin aure. Mene ne matsayin sana'ata, da kuɗin da na riga na tara?

AMSA

Wa alaikumus salamu wa rahmatullah. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa da iyalansa da sahabbansa.

Ɗana, Allah ya yi maka albarka da ka damu da abin da kake sa wa cikinka da na ƙannenka. Malaman nan biyu da ka ambata kowannensu ya ɗauki sana'arka a dunƙule ya yanke mata hukunci ɗaya, alhali yadda ka zayyana ta, ayyuka ne daban-daban da ɗaki ɗaya ya tara. A cikinsu akwai wanda ban san malamin da ya halatta shi ba, akwai wanda babu saɓani a kan halaccinsa, akwai kuma na tsakiya wanda malamai suka daɗe suna jayayya a kai. Sai an rarrabe su kafin a yi maganar kuɗi, domin ƙa'idar ijara, wato ɗaukar mutum aiki ko hayar kaya da lada, ita ce lada yana bin aikin da aka yi. Annabi (SAW) ya ce idan Allah ya haramta abu, to ya haramta kuɗinsa.

Bari in fara da wanda ya fi kawo maka kuɗi, domin shi ne ya fi sauƙin hukunci. Waƙar da aka tsara don namiji da macen da ba muharramarsa ba su yi rawa gaban kyamara, ana siffanta jiki, ana motsa sha'awar mai kallo, haramun ce a haɗa mata kiɗa, kuma kuɗinta haramun ne. Malaman da suka fi kowa sassauci a kan kiɗa, irin su Ibn Hazm a da da Shaikh Yusuf al-Ƙardawi a wannan zamani, ba su halatta sauraron da ke kai mutum ga saɓo ba. Kasancewar kana ɗaki kai kaɗai da abin sauraro a kunne, ba ka filin ɗaukar fim ɗin, ba ya fitar da kai, saboda da babu kiɗanka da babu abin da za a taka. Allah ya ce a Suratul Ma'ida, aya ta 2: "Kada ku taimaki juna a kan zunubi da ƙetare iyaka." Haka hukuncin yake ga tallan caca, da tallan boka, da na masu maganin da ke batsa a lasifika, da waƙar siyasa da ake cin mutuncin Musulmi a cikinta. Wannan sashe ka bar shi yau, kada ka jira sai ka samu madadinsa.

Sashe na biyu halal ne ba tare da ɗar ba, kuma ina jin ka raina yawansa. Ɗaukar muryar 'yan wasa, tace ta daga hayaniyar janareta, daidaita sautin mai magana da na titi, ɗora ƙarar ruwan sama ko takun doki ko buɗe ƙyaure, duk wannan gwaninta ce kamar kowace gwaninta, muddin shirin da ake yi wa ita mai tsabta ne. Haka tsara kari da amshi ga waƙe mai ma'ana da murya zalla. Anjasha yana rera wa raƙuma waƙa a tafiya, Annabi (SAW) bai hana shi ba, ya ce masa ne kawai ya sassauta saboda matan da ke kansu. Sahabbai sun rera baitoci suna haƙa ramin Khandaƙ. A ƙasar nan tamu ma da waƙe aka karantar da talakawa tauhidi da fiƙihu: Shehu Usmanu da ƙanensa Abdullahi na Gwandu da Nana Asma'u duk sun yi, kuma har yau tsofaffi na rera su a Kabi da Zamfara.

Mandiri kuwa ya tabbata a biki da Sallah. Nana A'isha ta ba da labarin 'yan mata biyu da ke waƙa a ɗakinta ranar Idi, Sayyidina Abubakar ya tsawata musu, Annabi (SAW) ya ce ya ƙyale su, kowace al'umma tana da ranar Idinta. A bikin Rubayyi'u 'yar Mu'awwiz ma 'yan mata na buga mandiri, ɗaya ta ce a cikinmu akwai Annabin da ya san abin da zai faru gobe, sai ya ce ta bar wannan ta ci gaba da abin da take faɗa a baya. Ka lura da abin da ya gyara a wurin: kalmar da ta taɓa aƙida. Duk mai aiki da waƙa ya kamata wannan hadisi ya zauna masa a rai, domin sau da yawa mutum na ta tambaya a kan kayan kiɗa alhali baitin da yake ɗora wa kiɗan ya fi kiɗan haɗari.

Yanzu ga inda wuyar take: kiɗan tsirkiya da na busa, wato dangin goge da gurmi da sarewa da abin da fiyanonka ke fitarwa, idan an ɗora shi a ƙarƙashin fim mai tsabta ko shirin wayar da kai. Mafi yawan malamai, har da mashhurin mazhabobi huɗu, sun hana. Babbar hujjarsu hadisin Abu Malik al-Ash'ari da ke cikin Bukhari, cewa za a samu wasu mutane a al'ummar nan da za su halatta zina da alhariri da giya da kayan kiɗa. Suna ƙarawa da aya ta 6 a Suratu Luƙman a kan masu sayen zancen shagala, wadda Abdullahi ɗan Mas'ud ya rantse cewa waƙa ake nufi. A littattafan da muka tashi da su a zaure ma haka yake. Mai littafin fiƙihu na Risala ya ce bai halatta ka yi ganganci wajen sauraron kayan shagala da waƙa ba. Shaikh Khalil a babin walima ya yarda da mandiri ko da namiji ne zai buga, ya kawo saɓani a kan wasu ganguna, ya ambaci cewa Ibn Kinana ya halatta busa, sannan a babin ijara ya lissafa hayar kayan kiɗan biki cikin makaruhai.

Ɗaya ɓangaren kuma ba jahilai ba ne. Ibn Hazm, wanda ya rasu a shekara ta 456 bayan Hijira, ya ce babu hadisin hani da ya inganta, ya soki na Bukhari da cewa isnadinsa, wato jerin waɗanda suka ruwaito shi, ya yanke. Ibn Salah da Ibn Hajar sun mayar masa da martani, sun nuna hadisin a haɗe yake ta hanyoyi ingantattu, kuma a nan gaskiya tana tare da su. Imam Ghazali ya faɗaɗa a kan sauraro, amma ya ware kayan tsirkiya da na busa saboda a zamaninsa alamar mashaya ce, daga nan wasu na baya suka ce idan dalilin ya gushe hukuncin ya gushe. Shaukani ya rubuta risala guda don rushe da'awar cewa an yi ijma'i, wato haɗuwar malamai duka, a kan haramcin. Ko a gidan Shehu an taɓa wannan jayayya: ya tsananta a kan kaɗe-kaɗen sarakunan Hausa a rubuce-rubucensa na farko, daga baya a littafinsa Najmul Ikhwan ya ja hankalin almajirai da kada su yi inkari a kan abin da malamai suka saɓa, Malam Abdullahi kuwa ya tsaya a kan tsanantawa. Saɓanin bai raba su ba, kuma babu wanda ya fitar da ɗan'uwansa daga sunna.

Abin da na rinjayar, kuma da shi nake ba ka fatawa, shi ne maganar jumhur, wato mafi yawan malamai. Hadisin ya inganta, ya jera kayan kiɗa tare da abubuwan da babu mai shakkar haramcinsu, kuma rangwamen da ya zo ya zo ne a kan mandiri a lokutan farin ciki. Don haka ban ga halaccin mutum ya mai da kiɗan tsirkiya da busa hanyar cin abincinsa ba. Amma ba na sa shi a ma'auni ɗaya da kiɗan rawar da na fara da shi, ba na kiranka fasiƙi, kuma wanda ya bi ɗaya maganar bisa amincewa da ilimin masu ita, a kan shiri mai tsabta, ba na yarda a hana shi limanci ko a hana shi aure saboda haka.

Maganar cewa na'ura ce ba ganga ba, ba ta da ƙarfi. Shari'a ba ta yi gaba da fata ko itace ko gashin doki ba, abin da ke shiga kunne ya taɓa zuciya shi ake dubawa. Idan fiyano ya fitar da kukan goge har mai sauraro ya kasa bambancewa, hukuncin goge ya hau kansa. Haka muryar mutum da aka sarrafa a kwamfuta har ta koma sautin kayan kiɗa sak; ita ma ina ganin a nisance ta. Wanda ya ce ka farfasa kayan shi ma ya yi sauri. Kwamfuta da makirfo da lasifika da su ake ɗaukar karatun Alƙur'ani da tafsiri, lalata su ɓarnar dukiya ce, kuma an hana mu ita.

Akwai abin da ba ka tambaya ba amma ya zama dole in faɗa, don ya yi yawa a sana'arku: ɗauko karin wani, na Indiya ne ko na wani makaɗin gargajiya da ya rasu ya bar magada, a canja masa riga a sayar wa furodusa a matsayin sabo. Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi, a zamanta na Kuwait a 1988, ta tabbatar da cewa haƙƙin ƙirƙira haƙƙi ne da shari'a ke karewa. Ko ba wannan ma, sayar da tsoho da sunan sabo algus ne, kuma Annabi (SAW) ya ce wanda ya yi mana algus ba ya cikinmu. Yaran da ke maka amshi kuma ka yanka musu ladansu kafin su buɗe baki, ka biya su a kan lokaci.

Kuɗin da ka tara a baya kashi biyu ne. Abin da ka samu ta kiɗan da ake saɓani a kansa, kana ganin halal ne bisa fatawar da ka ji, naka ne, ka yi sadaki da shi, aurenka ingantacce ne. Allah ya ce game da mai cin riba da wa'azi ya zo masa ya hanu, abin da ya wuce nasa ne, balle kai da ka shiga da fatawa a hannu. Na waƙoƙin rawa kuwa, idan ka san haramun ne lokacin da kake karɓa, ka ƙiyasta abin da ya rage a hannunka daga ciki ka ba mabuƙata, ba ka mayar wa furodusa ba, don kada a haɗa masa kiɗa da kuɗi. Sansanonin waɗanda rashin tsaro ya raba da ƙauyukansu ba su da nisa da kai. Idan kai kanka fitar da shi zai jefa ka cikin ƙunci, ka riƙe gwargwadon buƙatarka tare da tuba.

Aikin da ka riga ka karɓi kafin alƙalami a kansa, in na rawa ne ka mayar da kuɗin ka ba da haƙuri. In na tsakiya ne, ka fara tayin yin sa da murya da mandiri da sautukan yanayi; in mai aikin ya ƙi, kuma fasawa za ta cutar da shi, ka kammala wannan kada ka karɓi wani. Ba na ce ka rufe situdiyo gobe ƙannenka su zauna a gida ba. Ka sa wa kanka wa'adi na gaskiya, wata shida ko abin da ya yi kusa da haka, kana janye jiki daga wancan kana faɗaɗa wannan. Kunnen da ya san inda fitowa ke buƙatar nauyi da inda take buƙatar shiru ba kowa Allah ya ba ba, kuma masu wasan kwaikwayon rediyo, da makarantun Islamiyya masu walimar sauka, da masu shirin faɗakarwa kan rigakafi da noma duk suna neman irinsa. Kuɗin zai ragu da farko, ba zan ɓoye maka ba.

Game da Baba, kada ka tunkare shi da hujja kamar mai neman kayar da shi. Tsantseni ne ya hana shi cin cefanenka, kuma uban da ke tsoron haram a tukunyarsa abin godiya ne. Ta fuskar hukunci, dukiyarka gauraye take, kuma Ibn Ƙasim, babban almajirin Imam Malik, ya halatta mu'amala da cin abincin wanda halal ta rinjayi dukiyarsa. Saboda haka ya halatta ya ci, ƙannenka ma babu laifi a kansu a kuɗin makarantar da aka biya. Amma abin da zai kwantar masa da rai shi ne ka ware kuɗin aikin da babu shakka a cikinsa a asusu dabam, ka riƙa yin cefanen gida daga nan kaɗai. Ka samu kawunka ko limamin unguwarku ya raka ka, ka durƙusa ka gaya masa abin da ka bari da abin da kake shirin bari da ranar da ka sa. In ya ce sai ya gani a ƙasa tukuna, ka ba shi lokaci, kuma kada ka daina kai cefanen.

Wallahu a'alam.