Kyamara ko editin: amsar tambayarka kan mutumin Brazil ɗin nan

Ɗan'uwa na ga saƙonka, kace ka ga sunan Luiz Carlos Barreto a fim ɗaya mai ɗaukar hoto, a wani marubuci, a wani kuma furodusa, shin mutum ɗaya ne, kuma kai ma ko ka ajiye kyamara ka koma editin tunda ance gwara mutum ya iya komai. Eh mutum ɗaya ne, amma tsaya kaji ta inda ya biyo tukun.

An haife shi 1928 a Sobral, jihar Ceará, can arewa maso gabashin Brazil inda fari da zafin rana suka yi yawa. Shekaru ya kwashe yana ɗaukar hoton jarida a mujallar O Cruzeiro kafin ya taɓa fim, kaga idonsa ya riga ya nuna. A 1962 aka yi rubutun wani fim da shi, sai darakta Nelson Pereira dos Santos ya ɗauke shi aikin hoton Vidas Secas, fim ɗin da ya fito a 1963, a jihar Alagoas, labarin iyalin da fari ya kora. To nan ne wajen da nake so ka buɗe kunne. A lokacin in za a ɗauki sin a tsakar rana sai a sa filta a gaban kyamara sama ta yi duhu gajimare ya fito tas, a kawo rifilekta a gyara fuska. Shi da abokin aikinsa José Rosa suka ƙi, suka auna haske a kan fuskar ɗan wasa suka bar sama ta ƙone fari fat, ƙasa ma haka, har mai kallo sai ya ji idonsa na yaji kamar shi ne a cikin ranar. Mutumin da bai daɗe yana kokawa da haske ba wallahi ba zai yi wannan ƙarfin halin ba, tsoro zai ji ace ya ɓata fim. Kuma kai da kake aiki a irin ranar Kano ta watan Afrilu ya kamata wannan ya tsaya maka a rai.

Furodusa kuwa daga baya ya yi ƙarfi a ciki, shi da matarsa Lucy, fim ɗin da ɗansu Bruno ya bada umarni a 1976 sama da mutum miliyan 10 suka shiga silima kallonsa. Furodusan da ya taɓa riƙe kyamara ba a yi masa ƙarya a lokeshin, ya san awa nawa sin zai ci, ya san fitilar da ake buƙata da wadda kawai ake son ci da ita.

Sannan kar ka ɗauka duk sha'awa ce ta sa 'yan fim ɗin Brazil iya aiki kala-kala, dole ma na ciki. A 1990 gwamnatin shugaban ƙasar Brazil Fernando Collor ta rufe Embrafilme, kamfanin gwamnati da ke zuba kuɗi yana rarraba finafinai tun 1969, harka ta tsaya cak, masu kyamara da editoci da yawa suka koma talla da talabijin don su ci abinci, sai wajen 1995 abin ya fara farfaɗowa. Daniel Rezende ma ai sai da ya yi suna a editin, har aka sa shi takarar Oscar da fim ɗin Cidade de Deus, sannan a 2017 ya fito da dogon fim ɗinsa na farko a matsayin darakta.

Don haka ni dai ban yarda ka ajiye kyamara yanzu ba, har yau hannunka na rawa in ka bi ɗan wasa yana tafiya kuma fokas na kuɓuce maka. Abin da za ka yi, duk ranar da muka tashi daga lokeshin ka bi katin kyamara zuwa wajen edita ka zauna a bayansa, ka ga shot ɗinka wanne ya ɗauka wanne ya zubar, ka tambaye shi dalili. Ranar Asabar kuma ka zo da wuri, ƙarfe 12 zan tsayar da mutum a fili ka auna min fuskarsa ba rifilekta.