Amsa ga Malam kan zaɓen Majalisar Turai: wa ke da ƙuri'a a cikinmu, kuma ina take zuwa

Allah gafarta Malam, tambayarka ta iso mu. Mun tattauna a kanta mu da dama, na Jamus da na Beljiyam da na Faransa da na Italiya, domin a wannan zaɓe kowace ƙasa da irin nata tsarin. Ka ce kun ji a rediyo wai masu ƙyamar baƙi sun lashe zaɓen Turai na 2024. Kana son sanin ko haka ne, ko mu ma muna jefa ƙuri'a, kuma me ya hana Hausawa da sauran Musulmi su haɗa kai su tsayar da nasu.

Abu na farko da ke ba mutanen gida mamaki shi ne, yawancin Hausawan da ke nan ba su da ƙuri'a a wannan zaɓe. Mutum na iya shekara 20 a Hambug, yana aiki, yana biyan haraji, yana riƙe da takardar izinin zama ta dindindin, amma in bai karɓi takardar zama ɗan ƙasa ba, ba a kiransa rumfa. Sai wanda yake ɗan ƙasa a ɗaya daga cikin ƙasashe 27 na Tarayyar Turai ke da ƙuri'a. A Beljiyam ana yawan ruɗewa, saboda baƙon da ya cika shekara 5 yana iya yin rajista ya zaɓi kansilolin garinsu, sai ya ɗauka ƙofar ta buɗe masa duka. Wannan dama a zaɓen gari ta tsaya. 'Yan'uwanmu na Landan da Manchesta kuwa sun fita daga lissafi tun da Birtaniya ta bar Tarayyar a ƙarshen Janairun 2020. Don haka a gidaje da yawa 'ya'ya ne masu ƙuri'a, iyaye na kallo. A Jamus da Beljiyam da Ostiriya da Malta ɗan shekara 16 ma ya isa. Wannan ya sa hirar zaɓe a wurinmu ta fi zafi a kan tabarmar cin abinci fiye da wurin taro: yaro ya karanta wa mahaifinsa manufofin jam'iyyu da Jamusanci ko Faransanci, ya fassara masa, uba ya faɗi abin da ya gani, amma hannun yaron ne zai yi alamar.

Ranar zaɓe ma ba ɗaya ba ce. A 2024 an yi kwana huɗu, daga 6 zuwa 9 ga Yuni. Holan ta fara ranar Alhamis, mafi yawa suka yi ranar Lahadi, kuma ba a bayyana sakamako a hukumance sai da Italiya ta rufe rumfunanta ƙarfe 11 na daren Lahadi. Kujeru 720 ne. Jamus ke da mafi yawa, 96, Faransa 81, Italiya 76, Beljiyam 22, ƙanana irin Malta da Luksambug 6 kowacce. Ya bambanta da Majalisar ECOWAS da ke Abuja, inda majalisun ƙasashe ke tura wakilai daga cikinsu. Nan jama'a ne ke zaɓe kai tsaye tun 1979, duk bayan shekara 5.

Babu dangwala yatsa. A Jamus takardar sanarwa ke zuwa gidan mutum ta gidan waya makonni kafin ranar, ɗauke da adireshin rumfarsa, kuma da ita yake neman a aiko masa da takardar ƙuri'a gida in ba zai samu zuwa ba. Takardar doguwa ce, jam'iyyu fiye da 30, alama ɗaya tak ake yi da biro. Wanda ya yi biyu ko ya rubuta wani abu a gefe ya ɓata ƙuri'arsa. A Faransa kowane jerin 'yan takara da tasa takarda a kan tebur, mutum ya ɗiba, ya shiga bayan labule, ya sa guda ɗaya a ambulan. Abin da ya fi kayar da mutanenmu a can rajista ce: wanda ya sauya unguwa bai je ofishin magajin gari ya gyara ba, sai ya tarar sunansa na can tsohuwar rumfa, kuma ana rufe rajistar tun makonni kafin zaɓe. A Italiya bayan alamar jam'iyya ana iya rubuta sunan 'yan takara har uku, amma dole a haɗa mace da namiji, in duk jinsi ɗaya ne sunan farko kaɗai za a ƙirga. A Beljiyam zuwa rumfa wajibi ne a kan ɗan ƙasa, akwai tara a doka ga wanda ya ƙi, kuma ana iya zaɓar mutane da yawa muddin cikin jeri ɗaya suke. Wanda ya tsallaka zuwa wani jeri a takarda ya lalata ta. Mai fasfon Italiya da ya koma Jamus neman aiki, kuma muna da irinsu da yawa, yana da zaɓi: ko ya yi rajista a Jamus aƙalla kwana 21 kafin ranar, ko ya jefa wa jerin Italiya. Yin duka biyun laifi ne da ake hukuntawa.

Ba kamar gida ba ne inda mai rinjaye a mazaɓa ke kwashe kujera, na biyu ya tashi a tutar babu. Ana raba kujerun ƙasa daidai da kason kowace jam'iyya. Sai dai wasu ƙasashe sun sa shinge. A Faransa jerin da bai kai kashi 5 cikin 100 ba ba ya samun komai, a Italiya kashi 4. A 2024 jeri biyu na masu sassaucin ra'ayi a Italiya, na su Matteo Renzi da na Carlo Calenda, sun ƙi haɗuwa. Ɗaya ya samu kusan kashi 3.8, ɗayan sama da 3 kaɗan. A haɗe sun wuce kashi 7, a rabe ko kujera ɗaya ba su samu ba. Jamus ba ta sa shinge ba a wannan karon, shi ya sa jam'iyyar da ba ta kai kashi 1 ba ma ta shiga.

Abin da muka fi so Malam ya riƙe shi ne abin da ke biyo bayan ƙirga. Mutum jam'iyyar ƙasarsa yake zaɓa, amma a zauren majalisar da ke Strasbug ta Faransa ba a zama ƙasa-ƙasa. Jam'iyyu masu aƙida kusa da juna ke haɗuwa su kafa rukuni, kuma rukuni sai ya tara wakilai 23 daga aƙalla ƙasashe 7. Da girman rukuni ake raba lokacin magana, kuɗin ma'aikata, shugabancin kwamitoci, da wanda za a ba wa dokar da zai jagoranci gyaranta. Wakilin da ba ya cikin kowane rukuni yana da ƙuri'arsa, amma da wuya ya taɓa rubutun doka. Saboda haka masu sanin harkar a cikinmu, kafin su ce wa kowa ga inda ya dace, tambayar farko da suke yi ita ce: wannan jam'iyya in ta shiga, da su wa za ta zauna?

Da majalisar ta buɗe a 16 ga Yulin 2024, rukunin EPP na masu matsakaicin ra'ayin riƙau, inda CDU ta Jamus take, shi ne babba da kujeru 188. Na 'yan gurguzu masu sassauci, S&D, 136. Renew na masu sassaucin ra'ayi, inda jam'iyyar Macron take, ya faɗo zuwa 77, masu rajin kare muhalli 53, na hagu sosai 46. Masu ƙyamar baƙin da kuka ji labarinsu kuwa gida uku suka rabu. Jam'iyyar Marine Le Pen ta samu sama da kashi 31 a Faransa da kujeru 30, abin da ya sa Macron ya rusa majalisar ƙasarsa a daren. Ita da Fidesz ta Viktor Orban na Hungari suka kafa sabon rukuni mai kujeru 84 ƙarƙashin Jordan Bardella na jam'iyyar Le Pen. Jam'iyyar Giorgia Meloni ta Italiya ta tsaya a rukunin ECR na masu ra'ayin riƙau mai 78. Jam'iyyar AfD ta Jamus, wadda abokanta suka kora daga tsohon rukuninsu ana saura makonni zaɓe, ta tattara ƙananan jam'iyyu ta kafa nata mai 25. Sauran 33 ba su da rukuni.

To, sun ci ko ba su ci ba? Sun ƙaru ƙwarai, kuma ba ma raina wannan, domin mu ne muke jin sauyin a tashar jirgin ƙasa da wurin neman hayar gida. Amma ba su riƙe majalisar ba. EPP da S&D da Renew a haɗe 401 ne, sun wuce rabi. A 18 ga Yuli aka sake zaɓen Ursula von der Leyen shugabar Hukumar Tarayyar da ƙuri'a 401 daidai, kodayake ƙuri'ar sirri ce, wasu na cikin gida sun zame, masu kare muhalli suka cike giɓin. Manyan rukunonin sun kuma haɗa baki suka hana rukunin Bardella da na AfD shugabancin kowane kwamiti da kujerun mataimakan shugaban majalisa 14, alhali ECR ta samu biyu a ciki. Abin da muke sa wa ido shi ne EPP, domin yanzu tana da hanya biyu ta samun rinjaye, ta hagunta ko ta damanta. A Nuwamban 2024 an gan ta tare da rukunonin dama wajen neman sassauta dokar hana shigo da kayan da aka sare daji don nomansu, dokar da ta shafi koko da roba da manja na Ghana da Najeriya da Kamaru.

Akwai kuskuren da muke ta gyarawa a tsakaninmu bayan sallar Juma'a da cikin saƙonnin WhatsApp. Wannan majalisa ba ta yanke hukunci kan hijabi a makarantun Faransa, ko hana yankan dabba ba tare da sumar da ita ba a yankunan Beljiyam, ko sharuɗɗan ba da fasfo. Waɗannan na gwamnatocin ƙasashe da yankuna ne. Ba ta ma da ikon gabatar da doka da kanta: Hukumar ce ke kawowa, majalisa ta gyara ta amince tare da ministocin ƙasashe. Inda hannunta ke kai wa gare mu shi ne dokokin iyaka da mafaka, kasafin kuɗi, da yarjejeniyoyin ciniki. Sabon tsarin ƙaura da mafaka da ta amince da shi a 10 ga Afrilun 2024, mai tanadin tantance mutane a bakin iyaka da gaggauta mayar da waɗanda aka ƙi, ya shafi duk yaron da ya bi ta Agadas ya nufi teku.

Maganar tsayar da namu kuwa, lissafi ne ya hana. Turkawa miliyoyi ne a Jamus, amma jam'iyyar DAVA da aka kafa da niyyar jan ƙuri'arsu da ta sauran Musulmi ba ta kai rabin kashi 1 ba a 2024, ba ta samu kujera ba duk da babu shinge. Mu kuwa ba mu kai ko kusa da su ba, ga mu a warwatse cikin ƙasashe, kuma ƙuri'ar Brussels ba ta haɗuwa da ta Milan. 'Yan Afirka da suka shiga zauren ta cikin manyan jam'iyyu suka bi: Cécile Kyenge, haifaffiyar Kwango, daga Italiya a 2014, Pierrette Herzberger-Fofana, haifaffiyar Bamako, daga Jamus a 2019. Assita Kanko, haifaffiyar Burkina Faso, daga Beljiyam take, kuma a ECR take zaune tare da mutanen Meloni, don haka launin fatar ɗan takara ba ya gaya maka inda ƙuri'arka za ta sauka. Shawarar da dattawanmu ke ba matasa ita ce su yanki katin jam'iyya a unguwarsu tun yanzu, saboda a Jamus da Faransa jam'iyya ce ke jera sunaye, mai zaɓe ba ya iya ɗaga kowa sama, kuma wanda aka sa a ƙasan jeri ba ya shiga. Zaɓe na gaba 2029 ne. Dokar Jamus da ta fara aiki a ƙarshen Yunin 2024 ta yarda mutum ya riƙe fasfon gida tare da na Jamus, don haka iyaye da yawa da suka yi kallo a wancan karon sun riga sun shigar da takardunsu. A gaida mutanen gida.