Amaryar Da Aka Ƙone Garinsu Da Sunanta

TAMBAYA: Assalamu alaikum Anti. Ni ɗaliba ce daga Gwammaja. Mun yi musu da ƙawata a cikin adaidaita sahu, ta ce auren haɗi namu ne mu kaɗai, su Turawa tun fil'azal wanda suke so suke aura. Wai haka ne?

AMSA: Wa'alaikumus salam ƙanwata. Ki gaya wa ƙawar taki fina-finai ne suka ruɗe ta. A zamanin da, a gidajen sarautar Turai, 'ya mace ba ta da ta cewa. Bari in ba ki labarin guda ɗaya.

Sunanta Elisabeth Charlotte, a gida ana kiranta Liselotte. An haife ta a Heidelberg ta ƙasar Jamus a 1652. Mahaifinta Karl Ludwig ne ke sarautar yankin Pfalz, ƙaramar ƙasa mai maƙwabtaka da Faransa, ga Sarkin Faransa Louis na 14 ya fi ƙarfinsa nesa ba kusa ba. Sai uban ya ga dabara: a haɗa zuri'a, a zauna lafiya. A 1671, tana shekara 19, aka ba da ita ga Philippe, ƙanin sarkin, wanda matarsa ta rasu a 1670.

A garin Metz aka ɗaura auren. Ango bai je ba, wakili ya tura, wannan kam ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Amma kafin nan sai da aka raba ta da ɗarikar gidansu ta Furotesta, ta koma Katolika.

Zaman bai yi armashi ba. Shi mijin hankalinsa na kan gwala-gwalai da turare da samarin fadarsa, ita kuwa a ba ta doki ta tafi farauta. Bayan haihuwa ta uku a 1676 suka raba makwanci. Shayi da kofi da cakulan na 'yan fada ba su burge ta ba, kabeji mai tsami na garinsu take marmari. Nakan tuna yayata da aka kai Legas, kullum saƙonta a aiko mata da kuka da daddawa. Ita ma Liselotte alƙalami ta riƙe: dubban wasiƙunta na nan har yau, da yawansu zuwa ga gwaggonta Sophie ta Hanover, wadda ta riƙe ta tana yarinya.

Inda abin ya fi ciwo shi ne 1685. Yayanta Karl, wanda ya gaji uban, ya rasu bai bar magaji ba. Sai Louis ya ce ai matar ƙaninsa na da gado a Pfalz. Ba ta aike shi ba. A 1688 ya tura dakaru, a 1689 aka banka wa garuruwan Pfalz, Heidelberg da Mannheim, wuta, a 1693 aka koma Heidelberg aka ƙarasa ta. Duk da sunanta, tana zaune a gidan surukan tana ji. Ta rubuta wa gwaggon cewa da barci ya fara ɗaukarta sai ta ga garin a rushe, ta farka a firgice.

Ɗanta Philippe ya yi riƙon sarautar Faransa daga 1715. Ita ta rasu a 1722, ba ta sake taka Heidelberg ba tun daga ranar da aka kai ta.