Filin Lafiyar Fata: Me Ake Haɗawa da Maganin Ritinoyid na Ƙurajen Fuska?

Yawancin wasiƙun da suka iso mana a wannan watan kan magungunan ƙurajen fuska dangin ritinoyid suke. Magungunan shafawa ne da suka samo asali daga bitamin A, kuma biyu aka fi samu a kemis: tiretinoyin, wanda aka fi sani da Retin-A, da adafalin, wanda ake sayarwa da sunan Differin da wasu sunaye. Mun zaɓi tambayoyi biyar, mun taƙaita su.

Tambaya: Likita ya rubuta mini tiretinoyin mai ƙarfin 0.05%. Da ma ina da benzoyil feroksayid mai 10%, sai nake shafa su tare kullum da dare don su yi saurin aiki. Yau kwana goma, fuskata tana ɓarewa, ko ruwa ya taɓa ta raɗaɗi nake ji. In daina ne?
Wata mai karatu daga Zariya

Amsa: Malama, ki dakata da duka biyun daga yau, amma hutu za ki ba fatar, ba dainawa za ki yi gaba ɗaya ba. Kowanne daga cikinsu magani ne mai kyau. Ƙurji yana farawa ne idan matattun ƙwayoyin fata da maiƙo suka toshe ƙofar gashi, ƙwayoyin cuta suka yawaita a ciki, wurin ya kumbura. Ritinoyid yana hana toshewar, benzoyil feroksayid kuma yana kashe ƙwayoyin cutar. Shi ya sa likitoci suke haɗa su. Sai dai benzoyil feroksayid yana lalata tiretinoyin idan suka haɗu a kan fata lokaci guda, haske ma yana lalata shi. Kenan amfanin maganin ya ragu, zafin kuwa na biyun kike sha. Ƙa'idar ita ce benzoyil feroksayid da safe, tiretinoyin da dare. Adafalin ne wannan haɗuwa ba ta damunsa, har akwai wanda aka haɗa su cikin kwalba ɗaya, Epiduo, mai adafalin 0.1% da benzoyil feroksayid 2.5%.

Mai 10% ɗin nan ya yi miki yawa. Mai 2.5% ko 5% yana aikin da mai 10% yake yi a kan ƙuraje, kuma bai kai shi busar da fata ba.

Ga yadda za ki koma. Kamar mako guda, ki riƙa wanke fuska da sabulun ruwa marar ƙarfi da marar turare, ki shafa man riƙe danshi safe da dare, shi kenan. Idan ruwa ya daina yi miki zafi, sai ki dawo da tiretinoyin shi kaɗai, dare biyu ko uku a mako. Ki wanke fuska, ki tsane ta, ki jira minti 20 ta bushe sarai, domin jiƙaƙƙiyar fata tana shan maganin fiye da kima. Ki matso daidai ƙwayar wake ɗaya, wannan ya ishi fuska duka. Ki ɗiga a goshi, kumatu biyu, haɓa da hanci, ki baza shi siriri, ki kauce wa gefen ido, kusurwar hanci da leɓe. Ba kan ƙurjin kaɗai ake ɗora shi ba, duk yankin da ƙurajen suke fitowa ake shafawa, saboda aikinsa tare ƙurajen da ba su fito ba tukuna. Bayan mako biyu, in fatar ta karɓa, ki koma dare ɗaya shafawa dare ɗaya hutu, daga baya kullum. Sai kin yi mako uku zuwa huɗu lafiya sannan ki shigo da benzoyil feroksayid da safe, kuma mun fi son na wankewa: ki bar shi minti biyu a fuska ki ɗauraye. Ki kula, yana cinye launin tawul, zanen gado da mayafi. Idan duk da haka 0.05% bai karɓe ki ba, ki koma wa likitan ya sauko da ke zuwa 0.025% ko adafalin 0.1%.

Abin da ya sa muke jan kunne haka shi ne, a baƙar fata duk wurin da ya ƙone ko ya kumbura baƙin tabo yake bari, kuma tabon ya fi ƙurjin daɗewa. Ja ma ba ya fitowa fili a fatarmu, sai dai ki ga wurin ya yi toka-toka, ko ya ƙara duhu, ko kina jin fatar tana ɗaurewa. Waɗannan su ne alamun a rage.

Tambaya: Tun shigowar hunturu adafalin yake busar mini da fuska. Zan iya ɗora basilin ko man kaɗe a kai? Kuma alwala ba ta wanke maganin?
Wata uwa daga Katsina

Amsa: Hajiya, ki mayar da shafa maganin bayan alwalarki ta ƙarshe, wato bayan isha'i in za ki kwanta. Kafin asuba ya riga ya shiga fata, alwala ba za ta rage masa komai ba. Inda alwala take shafar lamarin shi ne da rana: ruwa yana taɓa fuska sau da yawa, iskar hunturu tana busar da shi nan take, ta tafi da danshin fatar. Don haka ki tsane fuska da tawul mai laushi ba tare da gogawa ba, ki ɗan sake shafa mai. Sabulu sau biyu a rana ya wadatar, kuma ruwa mai ɗumi, ba mai zafi ba.

Man da ya dace shi ne marar nauyi, marar turare, mai gilisarin ko seramayid, wanda aka rubuta a jikinsa cewa ba ya toshe ƙofofin fata. A watannin sanyi ki fara shafa shi, ki jira minti goma, ki sa adafalin, sannan ki ƙara mai a sama. Wannan yana rage zafi sosai, maganin kuma yana aikinsa.

Basilin yana da wurinsa: ɗan kaɗan a leɓe, kusurwar hanci da gefen ido kafin ki sa magani, ya tsare wuraren. Amma kada ki lulluɓe fuska da shi a kan maganin, domin yana danne shi cikin fata, zafin ya ƙaru. Man kaɗe da man kwakwa ki bar wa jiki, sun yi wa fuska mai maiƙo nauyi, musamman man kwakwa da aka san shi da toshe ƙofofin gashi. Sabulun salo ma ki ajiye shi ga wanka. Yana da kaifin toka, yana kwashe maiƙon da ke kare fata, fuskar da ke kan ritinoyid ba ta jure shi. Soso kuwa kada ya taɓa fuskar.

Tambaya: Saura mako uku bikina. Ƙawata ta ce in fara Retin-A, kuma za a yi mini dilka da halawa. Ya ya zan tsara?
Wata amarya daga Kano

Amsa: Allah Ya sanya alheri, amarya. Kada ki fara yanzu. Ritinoyid yana ɗaukar mako takwas zuwa goma sha biyu kafin a ga aikinsa, kuma makonnin farko ne lokacin ɓarewar fata, wasu ma ƙurajensu sukan ƙaru kafin su lafa. Ranar biki za ta same ki a tsakiyar wannan.

Ga waɗanda suka riga suka fara: a dakatar da maganin aƙalla mako ɗaya kafin halawa ta taɓa fuska. Ritinoyid yana sassauta saman fata, sai halawa ta ɗago gashi haɗe da fatar, a bar miki da ciwo a gira ko saman leɓe wanda zai warke da baƙin tabo. Dilka gurza ce, a tsaya da ita a jiki. Kuma a faɗa wa mai gyaran jiki maganin da ake shafawa tun kafin ta fara.

Akwai magana mafi girma ga duk mai shirin aure. Ba a amfani da ritinoyid ga mai ciki ko mai neman ciki, ko da na shafawa ne. Wanda likitoci suka fi ba masu ciki shi ne azelayik asid mai 15% ko 20%, yana maganin ƙuraje da tabo gaba ɗaya. Ritinoyid na sha kuwa, wato aisotiretinoyin, yana haddasa mummunar nakasa ga jariri a ciki. Ba a shansa sai ƙarƙashin likitan fata, tare da tabbataccen tsarin hana ɗaukar ciki har wata guda bayan an gama. Kada ki karɓe shi daga hannun ƙawa ko a kemis ba takarda.

Tambaya: Ƙurajena sun ragu da adafalin amma tabo ya cika mini kumatu. Na sayi wani haɗin mai daga mai sayar da kayan gyaran fata, ina kuma goga lemun tsami. Da farko na yi haske, yanzu wasu ƙananan ƙuraje sun feso. Me ya faru?
Wata ɗaliba daga Sakkwato

Amsa: 'Yar'uwa, abin da kika kwatanta ya yi kama da ƙurajen da sitiroyid, wani maganin kwantar da kumburi, yake jawowa. Yawancin haɗin da ke sa haske cikin mako ɗaya ko biyu yana ɗauke da shi, ko da an ce miki kayan itatuwa ne zalla. Haka ma mayukan kemis da ake cewa masu aiki uku, waɗanda aka yi su don wasu cututtukan fata na ɗan lokaci. Ki duba jikin kwalin, idan kin ga betamethasone ko clobetasol, sitiroyid ne. Yana kwantar da kumburi da farko, shi ya sa ake yabonsa. Daga baya sai ya sirantar da fata, jijiyoyi su bayyana, nankarwa ta fito, ƙuraje ƙanana masu girma ɗaya su feso lokaci guda. Ɗora ritinoyid a kan irin wannan fatar ƙuna ce kawai. Wasu haɗe-haɗen kuma suna da sinadarin haska fata, haidurokwinon, mai yawa, wanda daɗewa a kansa yake jawo wani baƙi mai shuɗi-shuɗi a kumatu da ke da wuyar magani. Hukumar kula da abinci da magunguna ta Najeriya, NAFDAC, ba ta yarda ya wuce 2% a kayan kwalliya ba, man da aka haɗa a roba ba suna ba lamba kuwa babu mai iya gaya miki abin da ke ciki.

Idan kwanaki kaɗan kika yi kina shafawa, ki daina. Idan kin yi watanni, ki je wurin likitan fata ya janye ki a hankali, domin yankewa lokaci ɗaya yakan sa fuska ta yi zafi, ta kumbura, ta yi duhu, har mutum ya koma wa man dole. Lemun tsami ki daina yau: idan ruwansa ya haɗu da rana a kan fata yana ƙona ta, ya bar tabon da ya fi wanda kike gudu.

Adafalin da kansa yana rage tabo, a hankali. Babban abokin aikinsa shi ne man kariya daga rana mai lamba SPF 30 ko sama, kullum da safe, tsawon yatsu biyu ga fuska da wuya, a sake bayan alwala in za a fita. Mutane da yawa suna ganin baƙar fata ba ta buƙatarsa. Gaskiya ba ta saurin ƙonewa, amma rana tana ƙara wa tabo duhu, kuma in babu wannan man sauran kuɗin da kike kashewa asara ne. Mai ɗan launin hoda ya fi amfani ga tabo, kuma ba ya barin farin nan a fuska. Bayan shi, niyasinamayid mai 4% ko 5% yana tafiya lafiya da ritinoyid, safe ko dare. Azelayik asid da bitamin C da safe ake sa su. Salisilik da gilaikolik asid su ne masu rikici, domin su ma ɓare fata suke yi. Kada su haɗu da ritinoyid dare ɗaya, kuma a wata ukun farko mun fi so a bar su gaba ɗaya. Duk abin da za ki ƙara, ɗaya-ɗaya, da tazarar mako biyu, don in wani ya ɓata miki fuska ki san wanne ne. Tabo yakan ɗauki wata uku zuwa shida, mai zurfi ya fi haka. Matse ƙurji kuma sabon tabo ne.

Tambaya: Wata biyar ina shafa kilindamaisin da adafalin, ina kuma sayen doksisaikilin in sha idan ƙurajen sun tashi. Yanzu kamar ba sa aiki. Kuma aski yana yi mini zafi.
Wani matashi daga Maraɗi

Amsa: Ɗan'uwa, kilindamaisin da doksisaikilin magungunan kashe ƙwayoyin cuta ne, kuma idan aka daɗe a kansu, ko ana sha ana bari, ƙwayoyin sukan saba da su. Shi ya sa ba a ba da kilindamaisin sai tare da benzoyil feroksayid, wanda ƙwayoyin ba sa iya sabawa da shi. Ka ƙara benzoyil feroksayid da safe, ka ci gaba da adafalin da dare. Doksisaikilin likita ne yake tsara shi, kullum ba fashi, yawanci kamar wata uku, sannan a tsaya a bar na shafawa su riƙe. Ana shansa da cikakken kofin ruwa, ba a kwanciya nan take, yana kuma sa rana ta fi cin fata.

Aski ka yi shi da safe, ka bi kwanciyar gashi, ka tsallake maganin a daren ranar, ka guji ruwan bayan aski mai sa raɗaɗi. Idan ƙurajen sun fi yawa a goshi da gefen kai, ka duba man gashinka, mai kauri yana gangarowa ya toshe wurin. Ka ajiye magungunan a inuwa mai sanyi, ba cikin mota ko bakin taga ba. In ƙurajen sun kwanta kada ka jefar da adafalin, ci gaba da shi ne yake hana su dawowa, ko da dare uku ne a mako. Idan kuwa ka cika mako goma sha biyu a kan wannan tsari babu sauyi, ko kana da manyan ƙuraje masu tauri da ciwo a ƙarƙashin fata, ko sun fara barin ramuka, maganin shafawa kaɗai ba zai isa ba, sai ka ga likitan fata.