Fatawa: Shin Zan Iya Karɓo 'Yata Ta Kotu Bayan Ta Girma?

Tambaya: Allah ya gafarta Malam, ina zaune a Shara Mansur a nan Makka. Mun rabu da uwar 'yata tun yarinyar tana da shekara 8, ta tafi da ita Jidda. Shekara 4 ke nan da uwar ta yi wani aure. Yanzu yarinyar ta kai 19, na ce ta dawo gidana, ta ce ba za ta bar uwarta ba. Ni kuwa ba na son 'yata ta zama agola. In kai ƙara?

Amsa: Bismillah. Ɗan'uwa, Allah ya sanyaya maka zuciya. Na ji zafin da ke cikin maganarka, amma kada ka kai ƙarar nan.

Dokar iyali da Saudiyya ta fitar a 2022 ta ce idan yaro ko yarinya suka cika shekara 15, su ke zaɓar wanda za su zauna da shi cikin iyayen biyu, sai fa in alƙali ya ga akwai cutarwa a zaɓin. Da an cika 18 kuwa, riƙo ya ƙare, in ba mai taɓin hankali ba ko mai ciwon da ya kwantar da shi. 'Yarka ta wuce nan da shekara guda. Ka ga babu sauran riƙon da za ka nema.

Shi zaɓin nan yana da tushe a sunna. Abu Dawud ya ruwaito daga Abu Huraira cewa wata mata ta kawo kuka wurin Annabi (SAW), mijinta zai tafi da ɗanta, alhali yaron ya fara ɗebo mata ruwa daga rijiya. Sai Annabi ya ce wa yaron ga babanka, ga mahaifiyarka, ka kama hannun wanda ka so. Ya kama na uwarsa. To yaro ke nan aka saurare shi, balle budurwa mai cikakken hankali.

Na san za ka ce a littattafan Hambaliyya 'ya mace tana komawa hannun uba daga shekara 7. Haka ne. Amma a mazhabar Malikiyya da muka taso a kai, littafin Risala ya bar wa uwa riƙon 'ya har ta yi aure ta tare. In uwar ta yi aure, riƙon kan faɗa hannun kaka ta wajen uwa, sannan inna, wato 'yar'uwar uwa, kafin ya iso kanka. Kuma littafin Muhtasar Halil ya faɗi cewa wanda ya san da auren uwar ya yi shiru shekara guda, haƙƙinsa na riƙo ya faɗi. Kai shekara 4 ka yi.

Batun agola kuwa, maganar gari ce, ba aibi ba ne a shari'a. Mijin uwarta muharraminta ne, kamar yadda aya ta 23 a Suratun Nisa'i ta nuna. In kana da hujjar cewa ana cutar da ita ko ana ɓata tarbiyyarta a gidan, wannan wata magana ce daban, kuma wajibi ne ka tashi tsaye. Sai dai ban ji ka ambaci haka ba.

Matsayinka na uba yana nan daram. Kai ne waliyyinta ranar aure, ci da sha da suturarta suna wuyanka har ta tare a ɗakin miji, ita kuma dole ta girmama ka, ta ziyarce ka. In tana ƙaurace maka, ta ji tsoron Allah. Uwar ma haramun ne ta riƙa zuga ta a kanka.

Makka zuwa Jidda tafiyar awa guda ce a mota. Ka je da kanka, ka ɗauki kawunta ko wani dattijo da take jin nauyinsa, ka tambaye ta me take gudu a gidanka, ka bar ta ta gama magana. Ka roƙi ta riƙa zuwa tana kwana biyu duk ƙarshen mako, da hutun makaranta da na salla.

Wallahu a'alam.