Amsoshin Wasiƙunku: Masu Shirin Zuwa Salem, Garin Shari'ar Mayu

Da Oktoba ta gabato sai wasiƙun 'yan'uwanmu mazauna Amurka da baƙinsu su karkata kan Salem, garin nan na jihar Masacusets inda aka yi wa mutane shari'ar maita a 1692. Ga waɗanda na tsamo.

Anti, ni ɗaliba ce a Boston. Mahaifiyata ta zo mini hutu. Wani kamfani ya ce mu biya dala 130 kowane mutum, ya kai mu Salem a mota da ɗan jagora, ya dawo da mu da yamma. Mu biya?

'Yata, riƙe kuɗinki. Tsakanin Boston da Salem bai fi kilomita 25 ba. Ki kama hannun Hajiya ku je tashar North Station, ku hau jirgin ƙasa mai zuwa Newburyport ko Rockport, cikin rabin awa kun sauka. Kuɗin zuwa dala 8 ne, kuma ranakun Asabar da Lahadi akwai tikitin dala 10 da za ki yi ta hawa da shi har ƙarshen mako. Daga tasha zuwa tsakiyar gari tafiyar ƙafa ce kaɗan. Yanzu ki ɗora wannan a kan dala 260 ki ga bambanci.

In ɗan jagora kike so, ki ɗauke shi a can. Akwai masu zagayen ƙafa na awa ɗaya zuwa biyu, kuma hukumar garin tana ba su lasisi, don haka ki nemi ganin nasa. Abu ɗaya ne zai sa in ce ki biya mota: in ƙafafun Hajiya ba sa ɗaukar tafiya. Ko a hakan ki tambaye su a rubuce, awa nawa za ku yi a cikin garin, kuma kuɗin shiga wurare yana ciki ko a'a. Yawanci ba ya ciki. Biya ba tare da wannan tambayar ba sayen kifi a ruwa ne.

Anti, maigida ya ce mu kai yara, ni kuwa tun da na ji an ce garin mayu ne hankalina bai kwanta ba. Ƙaramar shekararta huɗu. Kada in kai su inda za a kama musu kurwa.

Ƙanwata, ban ga laifinki ba, uwa ce ke. Amma kwantar da hankalinki ki ji yadda abin ya faru, domin mutanen da aka kashe a can ba mayu ba ne, kuma hukumar da ta kashe su da bakinta ta amsa haka.

A farkon 1692, a gidan wani limamin coci mai suna Samuel Parris, 'yarsa Betty mai shekara 9 da 'yar'uwarta Abigail Williams mai shekara 11 suka fara faɗuwa suna birgima suna ihu wai ana mintsinin su. Aka matsa musu su faɗi wanda ya kama su. Suka kira sunan mata uku: Tituba, baiwar gidan, da Sarah Good mai bara, da Sarah Osborne, wata mara lafiya da ta daina zuwa coci. Kin ga irin waɗanda ake fara nunawa, marasa gata. Daga nan wuta ta kama. Kafin a ankara an zargi mutum sama da 200, har da 'yar Sarah Good, yarinya sa'ar taki, wadda ta yi watanni a kurkuku.

Hujjar da kotu ta karɓa za ki gane ta, don mun san irinta a gida. Yarinya ta ce ta ga kurwar wance tana shaƙe ta, alhali wance tana ɗakinta, shi ke nan an rubuta shaida. Wani lokaci a sa wadda ake zargi ta taɓa mai birgimar, in ta lafa a ce ai ga shi ta sake ta. Me ya raba wannan da mai zazzaɓi ya kira sunan tsohuwar unguwa a jawo ta a ce sai ta tsallaka shi? Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne, galibin waɗanda suka amsa laifin da ba su yi ba sun tsira da ransu, waɗanda suka ce ba za su yi wa kansu ƙazafi ba su aka rataye. Rebecca Nurse, tsohuwa mai shekara 71, maƙwabta 39 suka sa hannu cewa mutuniyar kirki ce, masu taya alƙali yanke hukunci suka wanke ta, aka ce su koma su sake tunani, suka dawo da hukuncin kisa.

Gwamna William Phips ya rushe kotun a Oktoban shekarar. A 1697 ɗaya daga cikin alƙalan, Samuel Sewall, ya miƙe a coci aka karanta tubarsa. A 1711 aka biya iyalai diyya. Ta ƙarshe da aka wanke sunanta, Elizabeth Johnson ƙarama, sai a 2022, kuma 'yan makaranta ne suka matsa.

To ki yi musu addu'ar da kika saba, ku tafi da rana. Abin da zan hana ki shi ne shiga da 'yar shekara huɗu ɗakunan duhu masu gumaka da ƙarar tsawa. Ba maye a ciki, amma za ki kwana kina rarrashi.

A wane fili aka ƙone su? Ina son hoto a wurin don in sa a Facebook.

Ba a ƙone kowa ba. Mutum 19 aka rataye, mata 14 da maza 5. Dattijo Giles Corey kuma aka danne shi da duwatsu har ya mutu saboda ya ƙi ba kotu amsa, wasu aƙalla 5 suka mutu a tsare. Wurin ratayar sunansa Proctor's Ledge, masana suka tabbatar da shi a 2016, kuma yana tsakiyar gidajen mutane. In ka je ka rage murya. Wurin da aka kashe bayin Allah ba wurin washe baki ba ne.

Hajiya, ni ɗan kasuwa ne, na shigo Niyok sari. An ce mini a Salem ana samun duwatsun kariya da turare da kyandir na asali, irin na mayun Turawa. Ina so in saya wa tsohuwa, in kuma gwada kasuwarsu a Kano. Wane shago ya fi inganci?

Alhaji, da girmanka. Ka haye teku, ka biya kuɗin biza da na jirgi, ka ƙare a layin boka?

Bari in yi maka bayani yadda ɗan kasuwa zai gane. "Na asali" yana nufin akwai tushen da kayan suka fito. Mutanen 1692 manoma ne da matan aure masu zuwa coci, da mai gidan saukar baƙi, har da wani tsohon limamin cocin ƙauyen da abin ya fara, George Burroughs. Ba su bar wani sirri ba, ba su bar wani dutse ba. Sun mutu ne suna rantsuwa cewa ba su san maita ba. Shagunan da ka ji labari, waɗanda suka cika titin Essex, kasuwar baƙi ce da ta bunƙasa daga wajajen 1970. Garin ya gano cewa sunan da aka kashe mutane a kansa yana kawo kuɗi, sai ya rungume shi, har hoton mayya a kan tsintsiya yake a bajen 'yan sandansu. Wato wanda aka yi wa ƙazafi yana kabari, ana cin kasuwa da ƙazafin.

Ka ɗauki hular nan mai tsini ko kyandir ɗin ka juya gindinsa ka karanta inda aka ƙera. Sau da yawa ƙasar da kake saro kayanka ce. Dutsen da za a naɗe maka a ƙyalle a ce yana kore baki, irinsa ake sayarwa da awo a intanet. Kai da za ka murza atamfa a Kantin Kwari ka faɗi ko ta gaske ce ido rufe, kai ne za a sayar wa tsakuwa a farashin dala? Kuma kada ka manta, kuɗin da ke jikin kaya ba shi za ka biya ba, akwai harajin jiha na kashi 6.25 cikin ɗari da ake ɗorawa a wajen biya.

Haka masu duba. Za ka ga alluna birjik, masu karanta tafin hannu da masu buga kati, wasu ma su nuna maka lasisi. Lasisin nan izinin buɗe sana'a ne daga hukumar gari, ba shaidar sanin gaibu ba. Hukuncin zuwa wajensu kuwa ka fi ni sani, tun muna allo aka gaya mana. Abin da nake ƙara ja wa mutanenmu kunne a kai shi ne salon da aka san 'yan damfara da shi ko'ina: a fara da kuɗi kaɗan, sai a ce an ga duhu a tare da kai, cire shi kuma sai da wasu ɗaruruwa. Ɗaliban da ke cikin kewar gida da matan da aure ya yi wa tsami su suka fi faɗawa.

Ni ma an taɓa ci na, shi ya sa nake zafi. Zuwana na farko na biya zagayen dare, wani saurayi da fitila ya tsayar da mu gaban wani gini yana ba mu labarin fatalwar mayya, daga baya na ga an gina gidan fiye da shekara ɗari bayan shari'ar. Gini ɗaya tak ya rage a Salem mai alaƙa kai tsaye da shari'ar, gidan alƙali Jonathan Corwin, wanda ake kira gidan mayya ko da yake ba wanda aka zarga da ya taɓa zama a ciki. Kotun da kurkukun duk an rushe su tuntuni. Ainihin ƙauyen da abin ya fara ma yanzu sunansa Danvers, yana gefe, can gidan Rebecca Nurse yake har yau.

Abin da ya fi cancanta a gani kyauta ne: dandalin tunawa da aka buɗe a 1992 a jikin tsohuwar maƙabartar titin Charter. Benci 20 na dutse, kowanne da suna da ranar kisa, a bakin ƙofa kuma an sassaƙa kalamansu na kare kai, an bar wasu a yanke ba su ƙarasa ba. In kana son kashe kuɗi, ka shiga gidan tarihi na Peabody Essex, mai tushe tun 1799, inda ake nuna kayan mutanen na gaskiya. Tsohuwa kuwa ka saya mata bargo mai kyau da takalmin sanyi, za ta fi sa maka albarka.

Anti, gaskiya ne Oktoba ce lokacin zuwa? Kuma yaya abinci?

Oktoba ce lokacin da zan ce kada ki je. Tun 1982 garin ke bikin shigar dodanni, wanda yanzu ya kai wata guda, baƙi su yi dafifi ba masaka tsinke, a rufe tituna, tikiti ya ƙare tun kafin ranar, maƙabartar ma sai da lokacin da aka ba ki. In ya zama dole, ki zaɓi Talata ko Laraba da sassafe, kuma kada ki kuskura ki je da mota. Mayu, wato watan, ko Yuni ko Satumba sun fi. Daga ƙarshen Mayu zuwa Oktoba akwai jirgin ruwa daga Long Wharf, wata tashar jiragen ruwa a Boston, tafiyar kusan awa guda, ya fi jirgin ƙasa tsada sosai, don haka ki je da ɗaya ki dawo da ɗaya.

Abinci, kifi ya wadata. Sai dai farar miyar nan tasu mai kauri ta naman kwanson teku, wadda kowa zai ce ki ɗanɗana, galibi da kitsen alade ake fara ta, ki tambaya kafin ki sa cokali. Ki tafi da sallayarki da alwalarki, akwai fili a Salem Common. A ƙarshen Oktoba rana tana faɗuwa kafin ƙarfe shida.

Dole ne in ba ɗan jagora wani abu bayan na biya?

Doka ba ta ce ba, al'ada ta ce. Kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari na kuɗin zagayen, a hannu. In ya ce maka an ƙone su, ka rage.