Shawarwari ga Manoma: Shuwaka, Darɓa da Maganin Feshi

Wani mai lambu daga Talata Mafara, wanda yake noman rani da ruwan madatsar Bakolori, ya rubuto cewa ya dasa sandunan shuwaka amma fiye da rabi sun bushe kafin su yi toho.

Malam, yawanci matsalar daga sandar take. A yanko reshen da ya ƙosa, wanda bai yi ɗanye sharaf ba kuma bai tsufa ya zama itace ba, tsawonsa kamar santimita 30 zuwa 40, mai idanu uku ko huɗu. A kishingiɗar da shi a ƙasa mai laima, idanu biyu a binne, a kuma lura kada a juya kansa ya koma ƙasa. Idan ka zuba takin da bai ruɓe ba a ramin, to kai ka gayyato gara, domin ita za ta fara isa ga sandar kafin saiwa ta fito.

Wata uwargida daga Gusau ta ce shuwakarta ta yi fararen furanni da hunturu, ganyen kuma ya ƙanƙance. Hajiya, ba ciwo ba ne, lokacin furenta ne. Ki datse rassan, ki ba ta ruwa da ruɓaɓɓen taki, sabon ganye mai faɗi zai fito.

Daga Tsafe kuma wani manomi ya ce ganyen shuwakarsa yana nannaɗewa, ƙananan ƙwari sun cika bayansa, ya fesa ragowar maganin audugarsa amma sun dawo, don haka yana neman sunan maganin da ya fi ƙarfi.

Ɗan'uwa, ba zan ba ka sunan ba, kuma wannan tambaya ta yi yawa a wasiƙunku. Auduga ba a cin ta, shuwaka kuwa ganyenta ake kai wa tukunya, har masu jego sukan sha ruwanta. Yawanci kwalbar magani tana ɗauke da adadin kwanakin da za a jira tsakanin feshi da girbi, amma mai shuwaka yana tsinka ne duk lokacin da mai saye ya zo, ba ya ƙirga komai. Masu cewa ai ana wanke ta a murje kafin a dafa su sani cewa murza ɗaci take ragewa, ba ta da tabbacin fitar da gubar da ta riga ta shiga cikin jikin ganyen.

Abin da ya kama maka shuka darɓa ce, kuma akwai dalilin da ya sa take dawowa. Matan darɓa suna haihuwar 'ya'ya da rai ba tare da barbara ba, 'ya'yan kuma su fara tasu haihuwar cikin kimanin mako ɗaya, saboda haka 'yan kaɗan da suka ɓuya a cikin nannaɗaɗɗen ganye sun isa su sake cika lambu. Maganin da ka fesa kuwa ya kashe maka masu cin ta, irin jan ƙwaron nan mai ɗigon baƙi, waɗanda ba sa hayayyafa da saurinta. Ka kashe kuɗi ka share mata fili ke nan. Yawan zuba yuriya shi ma yana da hannu, domin yana fitar da toho mai taushi, irin wanda take so.

Ka fara da wuƙa: ka yanke duk kan reshen da ya nannaɗe, ka binne shi nesa da lambu. Sannan ka daka busassun 'ya'yan dogonyaro, kimanin giram 50 ga kowace litar ruwa, ka jiƙa su kwana, ka tace, ka sa ɗan sabulu, ka fesa da yamma ta ƙarƙashin ganyen. Ka maimaita bayan mako guda, domin rana tana saurin kashe ƙarfinsa. Idan ka ga tururuwa tana hawa da sauka, ka bi ta, za ta kai ka inda sauran darɓar take, tun da ruwan zaƙin da darɓar take fitarwa ne abincin tururuwar.

Wasiƙa ta ƙarshe daga Gummi take: wani ya samo daga kudu sandunan wata shuka mai manyan furanni ruwan ɗorawa, an ce masa ganyenta taki ne.

Bisa kwatancenka, Tithonia ce, dangin shuwaka, asalinta daga Meziko da Amurka ta Tsakiya. Gaskiya ne ɗanyen ganyenta yana da sinadaran da shuka take buƙata kuma yana saurin ruɓewa, har manoman yammacin Kenya suna sa wa masara. Sai dai ba ta ƙara wa ƙasa ƙarfi daga iska yadda wake da gyaɗa suke yi. Abin da ta zuƙo daga inda ta tsiro shi take ba ka. Doguwar ranin Zamfara ba za ta bar ta ta yi kyau a tudu ba, a fadama kuma tana iya mamaye wuri yadda ta mamaye gefen hanyoyi a ƙasar Yarabawa. Idan za ka gwada, ka tsayar da ita a kan iyaka, ka riƙa sare ta kafin furen ya yi iri.